Yadda Mani Ya Ƙi Cin Tuwo a Silima

Mani mai igiya mutumin Kore Mairuwa ne, amma a kasuwar Dogon Dutsi muka san shi. Igiyar rijiya yake tufkawa, kuma gaskiya igiyarsa ba ta fi ta kowa ba. Abin da ke tara masa jama'a kwaikwayo ne. In ya yi tafiyar gardin kumandan, wato dogarin Baturen mulki, sai ka rantse akwai bulala a hannunsa. Ni kaina ya sha kwaikwayon tarina, ban kuwa yafe ba har yau.

A kakar 1956 wani Bature ya sauka da mota cike da akwatuna, ya ce silima zai ɗauka: labarin ɗan ci-rani da ya dawo gida da yunwa. Tafintan kumandan, Abdussalam, ya kai shi rumfar Mani, nan take ya zaɓe shi. Mani ya kwana uku bai taɓa igiya ba don murna.

Sai ranar ɗaukar wajen cin abinci. Baturen ya zagaya kasuwa da kansa ya zaɓo wata tsohuwa mai sayar da daddawa, wai fuskarta ta yi masa. Ita za ta ajiye wa ɗan ci-rani akushin tuwo, ya zauna gabanta ya cinye. Mani ya shigo gidan da aka shirya yana wasa da kowa, ya ɗaga ido, ya ga Inna Hure, uwar matarsa Hasiya.

Shekara tara da aurensu, ko ruwa bai taɓa kurɓa a gabanta ba. Yanzu ana so ya buɗe baki ya yi loma, a kuma nuna wa Arewa duka a jikin bango. In ya ci, ya zubar da mutuncinsa a gidan surukai har abada. In ya ƙi, a ba wani aikin. Na tausaya masa ƙwarai, ko da yake dariya ma ta ci ƙarfina.

Mani ya ja tafinta gefe. "Malam, hwaɗa mishi ba ni ci."

"Kai, Mani! Kumandan da kainai ya aiko shi."

"To hwaɗa mishi labarin nai bai yi ba. Shi bar ni in gwada mishi yunwa ta gaskiya. In ba ta yi ba, shi kore ni."

Baturen ya yi ja, ya yi faɗa da Faransanci, daga baya ya ɗaga kafaɗa ya ce a gwada sau ɗaya.

Mani ya gyara komai da kansa. Ya matsar da tabarma can bakin zaure, ya nuna wa mai na'ura inda zai tsaya. Ya shigo, ya tuɓe takalmi tun daga nesa, ya durƙusa. Inna Hure ta ajiye akushi ta koma gindin rumbu. Tururi na tashi. Hannun Mani ya tafi wajen tuwon da kansa, ya kamo shi da ɗayan ya danne a cinya. Ya haɗiye yawu, ya kau da kai, ya shiga tambayarta lafiyar awaki ɗaya bayan ɗaya. Na duba na ga Baturen ya manta da sigarin da ke hannunsa.

Daga ranar, ba a ƙara ɗaukar komai ba sai an tambayi Mani. Shi ya sake tsara sauran labarin, yana faɗa Abdussalam na rubutawa. Bayan tafiyarsu ya tara samari ya kafa ƙungiyar wasa, suka zagaya garuruwan Ceci da Tibiri da Matankari. Wasanni goma sha ɗaya ya shirya kafin ƙafa ta hana shi yawo, kuma shi ne marubucinsu, shi ne mai tsara su, shi ne kuma mai kwashe babban matsayi, don Mani bai iya barin wa kowa ba.

Silimar ta iso bayan shekara biyu. Aka kafa farin ƙyalle a filin lakwal, wato makarantar boko, bayan magariba, gari duka ya fito. Da aka zo wajen akushi, sai mata suka ɓarke da guɗa. Turawan da ke kujerun gaba suna ta waige-waige, ba su san abin da aka gani ba.

Inna Hure ta miƙe daga cikin mata. Ba ta dubi inda Mani yake ba, ba ta kuma kama sunansa ba. Ta ɗaga murya ta yadda kowa zai ji, ta ce wa ɗiyarta:

"Hasiya, tashi ki tai gida ki tuƙa ma mutumen ga tuwo. Ni Ceci za ni gobe da sahe, kwana ukku ni kai. Tun da ba ni nan, shi ci shi ƙoshi."

Mani, wanda bai taɓa rasa abin faɗa a gaban taro ba, ya sunkuyar da kai ya rufe fuska da hularsa.