Ranar da na ƙi tashi daga gindin ganuwa

Shekarun baya, ina jin sun kai goma yanzu, na dawo gida daga ƙasar Peru. Aikina binciken kayan tarihi ne. Shekara uku na yi a duwatsun Andes ina share bangon lakar mutanen da da ɗan buroshi. A ƙauyenmu na wajen Ruwan Bago kuwa, cewa ake yi na je ƙarshen duniya koyon shara. Ban cika musa musu ba, don da ƙamshin gaskiya.

Kwana biyu da isowata, muna hira, mahaifiyata ta ce baffana ya sa a rushe guntuwar ganuwar da ke bakin gonarsa. Ita kaɗai ta rage daga tsohon garinmu, ba ta fi taku ashirin ba. A wajenmu kowa ya san ƙasar tsohon gini ta fi kyau wajen tubali, tunda an riga an kwaɓa ta, ta daɗe tana kwance. Rumbuna Baffa yake son ginawa kafin damina.

Na figi mayafi na fita. Na tarar da maza uku da diga, har sun cinye kusurwa ɗaya. A jikin ƙasar da ta zubo ina ganin sawun yatsun wanda ya yi yaɓen. Raina ya ɓaci ƙwarai.

Baffa na tsaye a inuwar ɗorawa. Maimakon in je gabansa, sai na durƙusa a gindin ganuwar, daidai inda diga ke sauka.

"Baffa, ina wuni?"

"Lafiya lau. Taso nan mana, aiki ake yi."

"Ban gama gaisuwa ba, Baffa. Ina gajiya? Ya iyali?"

Babu namijin da zai ɗaga diga a kan mace tana durƙushe tana gaida babba. Ma'aikatan suka koma gefe suna kallon juna.

"Ke 'yar nan," in ji Baffa, "ƙasa ce fa. Kuma a gonata take."

"Gonarka ce, Baffa, amma ba kai ka gina ta ba. Wallahi ba zan tashi ba."

Ban taɓa mayar masa da magana ba sai ranar. Cinnaku suka same ni, ƙafafuna suka mutu, sabuwar atamfata ta yi buɗu-buɗu. Ni da na saba tsayawa gaban manyan malamai ina zuba bayani, ranar ba ni da wata hujja sai gwiwa.

Da aka kira la'asar Baffa ya sallami ma'aikatan, ya tafi bai dube ni ba. Ƙasar rumbunansa daga kududdufi aka ɗebo ta. Mahaifiyata ta yi kuka, ta ce na kunyata ta a dangi. Na je na ba shi haƙuri a kan musun da na yi masa a gaban mutane, amma ban ce na yi kuskure ba, shi ma ya lura da hakan.

Har Allah ya yi masa rasuwa, gaisuwata kawai yake amsawa, bai ƙara tsokanata kamar yadda ya saba ba. Wannan yana mini ciwo har yau, ba zan ɓoye muku ba. Amma masu jiran in ce na yi nadama, su gyara zama. Duk shekara kafin ruwa ya sauka ni da kaina nake zuwa in yi wa ganuwar yaɓe. 'Ya'yan Baffa ba sa taya ni, amma babu wanda ya ƙara kai mata diga.