Akwatin Baba Narayan a Shingen Darazo

Da tsakiyar damina ne, zamanin Turawa, shekarar da na gama ajin yaƙi da jahilci. Shekara ce mai daɗi. Geronmu na Danchuwa ya shanye mutum tsaye, shanu sun yi ƙiba, kowa ka gani fuskarsa a sake. Ran wata Talata da yamma aka kawo mana saƙo daga Jos, ’yata ta sauka tun ran Juma'a, an sami mace. ’Yar fari ce, ba zan kama sunanta ba. Haihuwar ta zo da wuri, ba mu samu ɗauko ta gida ba, ba ta kuma da kowa nata a can. Ga suna gata. Maigida ya haɗa ni da ƙaninsa Malam Bukar, malamin asibiti, mai jin Turanci.

Daga Potiskum zuwa Darazo

Mun fito daga unguwarmu Dogo Tebo kafin asalatu, ina ɗauke da gero da kanwa da yaji da man shanu. A tasha muka sami babbar motar da ta taso daga Maiduguri. A gidan gaba akwai wani tsoho Ba'indiye, siriri, da akwati a kan cinyarsa an lulluɓe da bargo. Tanko direba ya ce tun daga Barno tsohon ya ƙi a ɗora akwatin bisa kaya, ko ruwa zai sha hannunsa ɗaya na kai.

"Ina jin amarya ce a ciki," in ji Tanko.

A Kari muka karya kumallo. Tanko ya miƙa wa tsohon tsire, ya haɗa tafukansa biyu ya girgiza kai, ashe ba ya cin nama. Na dama masa fura da nono, ya shanye ya yi mini godiya. Malam Bukar ya tambayo mana sunansa, ya ce Narayan, yana zaune a Jos wurin ɗansa mai kanti. Muka sa masa Baba Narayan.

Bayan azahar hadari ya haɗo, ruwa ya sauko. Da ƙyar muka kai Darazo, muka tarar an gitta shinge. Dokar lokacin ke nan: in an yi ruwa, babbar mota ba ta bin hanya sai ƙasa ta sha iska, don kada ta ɓata ta. Ƙananan motoci ne ake bari su wuce da wuri. Da magariba aka sake wani ruwan, mai gadin shinge ya ce mu cire rai sai Juma'a da rana. Ba halina ba ne in ɗora wa mutane damuwata.

Darazo

Mai gadin ya sauke mu a gidansa, maza a zaure, ni wurin matarsa. Da asuba na ga tana da niƙa da yawa, na karɓar mata. Dutse kuwa shi ke jawo waƙa. Ban san sa'ad da na fara ba, a hankali: gero na Danchuwa, niƙu, niƙu, ’yata na nesa, hanya ta jiƙe, wa zai kai ruwan zafi bayan ɗaki.

Da hantsi Malam Bukar ya leƙo yana dariya, ya ce, "Matar yaya, kin yi kasuwa. Baƙon nan ya ji waƙarki daga zaure, ya hana ni sakat, wai sai ya ga dutsen."

Mai gida ya ba da izini, aka shigo da shi tsakar gida. Ya durƙusa ya duba dutsen, ya ce nasu zagaye ne, biyu, ana juya na sama da sanda, shi ya sa waƙarsu ke kewayawa, tamu kuwa tana zuwa tana dawowa. Ya gwada niƙan, garin ya watse a ƙasa, kaji suka taru, matan gidan suka yi ta dariya har da riƙe ciki. Shi ma ya yi.

Sannan ya buɗe bargon. Akwatin kiɗa ne mai haƙora farare da baƙaƙe, da zugazugi a baya kamar na maƙera. Hannu ɗaya na zuga, ɗaya na taɓa haƙoran. Sai ga waƙata ta fito daga ciki, daidai yadda na rera ta. Na rufe fuska da mayafi don kunya.

Nan ya ba mu labarinsa, Malam Bukar na juyawa. Harshensu Marathi ne, ba wanda ake ji a silimar Kano da Jos ba. Uwarsa gwauruwa ce mai niƙan aikatau, waƙarta ta asuba ita ce makarantarsa ta fari. Yana ƙarami ya bi masu wasan kwaikwayo, gari gari, a keken shanu da jirgin ƙasa. A lokacin mata ba sa fitowa a wasa, shi ake ɗaura wa zane ya rera waƙar ’yan mata, har muryarsa ta fashe. Sai maigidansa, shugaban masu wasan, ya zaunar da shi gaban wannan akwati. Da shi ya koyi ɗora wa baiti karin murya: mawaƙi ya kawo kalmomi, shi ya yi musu hanyar da za su bi. Da silima mai magana ta zo, masu wasan suka watse, ya ji yunwa sosai kafin a ɗauke shi a gidan yin silima a birnin Puna. Kiɗan farko da ya tsara musu karin niƙan uwarsa ne. Ya ce har a tashar jirgi ya ji masu dako suna rera shi, ba wanda ya san shi ne a tsaye. Daga baya samari suka zo da sabon salo, matarsa ta rasu, ɗansa ya ɗauko shi. Tun ranar da aka ba shi akwatin, bai taɓa kwana ba ya kusa da shi ba.

Sai ya tambayi abin da waƙata ke cewa. Na yi wa Malam Bukar ido, amma ya faɗa masa duka. Tsohon ya ce a garinsu ma haka ne, abin da mace ba za ta gaya wa kowa ba, dutse take gaya wa.

Da azahar wata ƙaramar mota ta iso daga wajen Bauci. Ɗan Baba Narayan ne ya ga ruwa ya aiko a ɗauke shi. Bayanta cike da kayan kanti, gurbi ɗaya ya rage, na akwatin. Baba Narayan ya tsaya riƙe da shi, ya dubi gurbin, ya dube ni. Ya gyara bargon, ya miƙa wa Malam Bukar, ya nuna masa yadda ake tallafe shi. Da Hausarsa ’yar kaɗan ya ce mini, "Ƙanwa, shiga. Jariri ba jira."

Tanko ya ce, "Baba, ka saki amaryar ke nan?"

Aka juya masa. Ya ce a gaya wa Tanko yaji ta yi, kwana biyu, kuma in ta jiƙe shi da shi ne.

Bauci zuwa Jos

Mun wuce Bauci da la'asar. Duk hanya yatsunsa na motsi a kan gwiwarsa. Ya sa direban ya kai ni har ƙofar gidan surukina kafin shi. Na sami ’yata zaune ita kaɗai da jaririya, idonta ya faɗa. Tana ganina ta ce, "Inna," ta fashe da kuka da dariya tare. Kafin gari ya waye na ɗora ruwan wanka, na dama kunun kanwa. Da safe aka raɗa wa yarinya Hadiza.

Ran Asabar babbar motar ta iso. Malam Bukar ya ce hannunsa ya sage, ko sau ɗaya bai ajiye akwatin a ƙasa ba sai don salla. Da yamma Baba Narayan ya zo barka da akwatinsa, ya zauna a ƙofar gida ya kaɗa waƙata, ya ɗora mata ta uwarsa. Maƙwabta suka cika wurin, Hadiza kuwa ta yi barcinta.

Komawa gida

Sai da aka yi arba'in na dawo. Ruwa ya ɗauke, shingen Darazo a buɗe, na tsaya na ba matar mai gadi dankalin Jos. Na iso Potiskum da magariba, na tarar ana shirin yankan gero. Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni, da maigida, da Malam Bukar, da mutanen Darazo, da tsohon da ban sake gani ba.

Washegari da asuba na jawo dutsena na zuba gero. Na fara da waƙata, sai na ji bakina ya karkata zuwa ta uwar Baba Narayan, mai kewayawa. Ban san kalmominta ba, sai na sa mata sunan Hadiza, na ci gaba da niƙa.