Furar Mai Gangar Noma

A ƙauyenmu da ke gabas da Gezawa, gonaki sun matse gidaje, har daga tsakar gida kana jin tarin maƙwabci a gonarsa. Idan an gama girbi sanyi ya shigo, kakata Iya Gambo takan hura wutar karan dawa a ƙofar ɗakinta bayan sallar isha'i, mu jikoki mu kewaye ta. Ba da baki kaɗai take tatsuniya ba. Ƙwarya take kifawa a cinya. In doki ya shigo labari, yatsunta ne kofato. In ruwa ya sauko, sai ta zuba tsabar gero a faifai.

Wadda ta fi zauna mini ita ce ta wani mai gangar noma. Duk gayyar da aka kira, yana bayan samari yana kiɗa, su kuma suna sharar noma kunya bayan kunya. Wata rana aka kawo fura, mai gona ya ce masu fartanya kawai za a ba, ai wannan bai yi noma ba. Da aka sake kiran gayya, mai ganga ya ƙi zuwa. Kafin azahar samari suka yi laushi, ciyawa ta ci rabin gonar. Dattawa suka je suka ba shi haƙuri, ya rataya gangarsa ya dawo, aka gama noma. Da fura ta iso, aka sake mantawa da shi.

Na ce, "Iya, sai ya fasa gangar ko?"

Ta ce, "Kai maigidan, ka cika zuciya. Washegari ma ya koma."

"Don me?"

"Geron ne ya hana shi fura?" Ta kore mu mu je mu kwanta.

Na daɗe ina aikin sauti a finafinan Hausa. Da riƙon sandar makirfo a rana na fara, har na kai ga zama a situdiyo ina haɗa murya da kiɗa. Bara na kai 'yata Hafsatu sinima ta ga fim ɗin da na yi wata huɗu a kansa. Da ya ƙare ta hana ni tashi, ta bi sunayen waɗanda suka yi aikin fim ɗin ɗaya bayan ɗaya har allo ya yi baƙi.

"Baba, ban ga naka ba."

"An manta ne."

Darakta ya rantse kuskure ne, na kuma yarda. Kwana uku ban kunna na'ura ba, ina tunanin komawa noman rani wajen ƙanena a Watari. A na huɗu na koma situdiyo.

Har yau ban tantance ko haƙuri Iya ta koya mana ko wauta ba, ta rasu ban tambaye ta ba. Abin da na sani, ranar a sinima akwai wata mata a layin gabanmu. A cikin fim ɗin, a wurin da wata uwa ke sallamar ɗanta a tasha, ni na cire duk wani kiɗa, na bar ƙarar mota da numfashin uwar kawai. Daidai nan matar ta ja mayafi ta rufe fuska. Ina zaune a bayanta, ita ba ta sani ba.