Neman Muryar Kumbo a Majidaɗi

Mun tashi daga Yola ana idar da sallar asuba, mu uku a motar ofis: ni, da mai ɗaukar sauti, da direba. Jalingo muka nufa, kuma sauti muka je nema.

Masu bin wasan kwaikwayon da nake rubuta wa rediyo sun san Shamuwa, kumbon nan mai ratsa zamani a duniyar da na ƙaga. Injinsa ba ya shan mai, sauti yake ci. Sai wani cikin matafiya ya tuno wani amo na zamanin da ake son zuwa, injin ya kama shi, ya bi shi kamar igiya har can. A takarda abin ya yi kyau. Da aka sa a rediyo, masu sauraro suka ce ƙarar injin namu kamar ta tsohuwar fanka. Ba su yi ƙarya ba, fankar ofishinmu ce.

Ana cikin haka aka bugo mini waya cewa tsohon injin niƙan mahaifina, Allah ya ji ƙansa, wanda ke unguwar Majidaɗi a Jalingo, an sayar da shi ga 'yan gwangwan, nan da kwana biyu za su kwance shi. Rabona da jin kukansa tun rasuwar Baba. In ba mu je mun ɗauko wa Shamuwa muryarsa washegari ba, an rasa ke nan.

Mun bi ta Mayo Belwa. Hanyar wani wuri sumul, wani wuri sai direba ya zaɓi ramin da ya fi sauƙi ya faɗa. A Zing muka karya da kunun gyaɗa da ƙosai. Doya tuli-tuli a bakin titi, farashinta ƙasa da na Yola nesa ba kusa ba, har direba ya cika bayan mota, mai ɗaukar sauti ya ƙarasa tafiyar rungume da na'urarsa a cinya. Da hantsi duwatsun Jalingo suka bayyana, shar da su saboda damina.

Rumfar injin tana nan yadda na san ta, sai dai kwanon ya yi tsatsa. Dattijon da ke riƙe da ita, wanda ya koyi aikin a hannun Baba, ya tarbe mu da "Jabbama," wato maraba da Fulatanci. Ya dube ni sama da ƙasa.

"Ɗan maigida, ka yi tumbi. Rediyo yana biya ke nan."

Na ce, "Baffa, injin zai tashi kuwa?"

"Tun azumi bai yi tari ba. Amma zai ji kunyarka."

Ya zuba man gas, ya cika duron sanyaya inji da ruwa, ya goge bel da tsumma. Kafin ya gama, labari ya zaga unguwa cewa yau tsohon inji zai yi aiki. Mata suka fara zuwa da robobin jiƙaƙƙiyar masara da dawa, ana hira da Hausa da Fulatanci da Mumuyanci a haɗe. A nan muka yi kuskure irin namu na 'yan rediyo. Mu a wurinmu ɗaukar sauti shiru take so, don haka muka roƙi matan su koma can gindin mangwaro su yi tsit. Suka tafi suna hararmu.

Dattijon ya juya hannun injin. Sau uku yana tari yana mutuwa, a na huɗu ya kama. Na sa abin sauraro a kunne. Ƙarfe ne kawai ke dukan ƙarfe, kwaram-kwaram, babu daɗi. Ba wannan na sani ba. Na ɗauka tsufa ya cinye muryar.

Dattijon ya kashe, ya goge hannu.

"Kun kori abincinsa, kuna so ya yi waƙa? Inji babu hatsi a ciki, kuka yake yi."

Ni da kaina na je gindin mangwaro na ba da haƙuri. Wata tsohuwa ta ce, "Ɗazu mu ne surutu, yanzu mun zama Hajiya?" Na ce, "Goggo, a yafe." Aka yi dariya, suka dawo suka jera robobi.

Ya sake juya hannun. Kafin ya saki, ya ɗaga murya: "Bismillah! A janye zani!" Gargaɗi ne kada bel ya fizgi tufar wata. Haka Baba yake faɗa kullum, da jan nan nasa a ƙarshe, kuma na manta da shi sarai sai a lokacin. Masara ta shiga, ƙarar ta sauka ta yi kauri, wani gurnani mai nauyi da ake ji a ƙirji, muryoyin mata na yawo a kansa. Na tsinci kaina a rumfar nan ta da, Baba tsaye, gari ya yi masa fari har gira. Sai da mai ɗaukar sauti ya taɓa ni na ankara robobi sun ƙare.

Mun ci tuwon masarar da aka niƙa a gidan dattijon, da miyar kuka, muka kamo hanya bayan azahar. Mun iso Yola gab da magariba, lafiya lau, mu da doyarmu. Washegari aka kwance injin.

Na je da tunanin ƙarar ƙarfe zan ɗauko, na dawo na gane muryar inji ba ta cika sai da mutanen da yake yi wa aiki. Ina godiya ga Allah da ya kai mu kafin 'yan gwangwan, ina godiya ga dattijon da bai canza ko kalma ɗaya daga kiran maigidansa ba, da matan Majidaɗi da suka yafe mana.

Yanzu Shamuwa ta sami murya. Kuma masu tambayar dalilin da ya sa matuƙinta, a tsakiyar taurari, ba ya tashi sai ya ce a janye zani, yau kun ji.