Waƙoƙin Rawar da Hamad Ya Wanke

Rahmatu haifaffiyar unguwar Nakkasa ce a Makka, 'yar Labaran mai kalangu. A zamaninsa ba a bikin Hausawa a unguwar ba tare da shi ba. Mutum ne mai tsoron mantuwa. Duk waƙar rawar da ya ji a bakin tsofaffin da suka zo hajji a ƙafa, sai ya rubuta ta da ajami, ya sa ɗigo da da'ira ƙarƙashin kalmomi don nuna inda kiɗa ke sauka da inda mata ke juyawa. Da ya rasu, takardun nan su ne gadonta, cikin wani gwangwanin biskit.

Ita ba ta iya ajami ba. Ta ƙare ƙuruciyarta tana sayar da yaji da kuka a titin Mansur, ta aurar da 'ya'ya, miji ya rasu, gwangwani na nan ƙarƙashin gado. Burinta ɗaya, a sami mai karanta mata, ta sake jin waƙoƙin ubanta kafin ta mutu. To wa? 'Ya'yan nata, ka yi musu Hausa su amsa maka da Larabci.

Rusau ya iso layinsu tana kwance a asibiti da ciwon suga. Ɗanta Hamad ne ya kwashe kaya zuwa unguwar Kudai. Ya buɗe gwangwani, ya ga baƙaƙen Larabci amma ko kalma ɗaya bai gane ba, ga da'irori, ga ɗige-ɗige. Shi ke nan, gwani ya gano sihiri. Ga tsofaffi birjik a Mansur, bai ga wanda ya isa ya tambaya ba. Ya yi abin da ake yi wa sihiri a garin: ya cika bokiti da ruwa, ya tofa ayoyi, ya jiƙa takardun. Tawadar gida ce, ta gawayi da ƙaro, nan da nan ta narke.

Ya je asibiti bakinsa har kunne, ya sumbaci goshinta.

"Ummi, na gano abin da ya hana ki lafiya a ƙarƙashin gadonki. Na wanke shi tas."

Me za ta ce wa wanda ya tsaya yana jiran a sa masa albarka? Ta juya fuskarta bango, ta lalubo wata waƙa, ta rera baiti biyu a hankali, na ukun ya ɓace mata. Ta koma farko, ya sake ɓacewa.

Hamad ya saurara kaɗan, sannan ya fita ya kira nas, ya gaya mata mahaifiyarsa ta fara sambatu.