Bangon da Na Shafe da Siminti

Ni na kashe kabewar Inna, kuma da kyakkyawar niyya na yi.

A gidanmu na Runjin Sambo akwai tsohon bangon laka, duk ya yi huda-huda. Cikin hudojin nan rakuwa ke zama, wasu 'yan mitsi-mitsin ƙudan zuma da ba sa harbi. A gindin bangon nan Inna ke shuka kabewa kowace damina. Irin ta gada ne daga mahaifiyarta, ta taho da shi daga ƙauye ƙulle a bakin zane ranar da aka kawo ta birni. Kowace shekara sai ta ware guda ɗaya, ta shanya 'ya'yan don baɗi.

Da na fara aikin gwamnati, kaina ya kumbura. Abokai na zuwa, bangon na ba ni kunya. Na kirawo magini.

Inna ta ce, "Kai ɗan nan, mi sunka yi maka? Bar su, maƙwabtana ne."

Na yi dariya, na ce, "Inna ke nan! Har ƙwari ma kin ba su ɗaki?"

A wuni ɗaya aka shafe bangon da siminti sumul. Na bi da feshin maganin sauro, wai ni mai tsabta. Kaico!

Damina ta zo, kabewa ta yi yaɗo har bisa rufin kicin, fure rawaya ko'ina. Sai 'ya'yan su fito kamar ƙwan kaza, su yanƙwane, su zube. Babu mai ɗaukar garin fure daga wannan ya kai wancan. Ni ban ma san aikin da rakuwa ke yi ke nan ba, da duk bokona.

Damina uku Inna tana kwance ƙullinta tana shukawa, ƙullin na raguwa. Na sayo mata iri a kasuwa. Ta karɓa, ta yi godiya, ba ta shuka ba. Ko sau ɗaya ba ta ce laifina ne ba, wallahi da ma zagina ta yi.

Bayan rasuwarta na tarar da tsumman ƙullin irin a ƙasan akwatinta, saura ƙwaya biyu. Na ɗauki ƙusa da guduma na huda simintin wuri goma sha, na jira. Har yau ko rakuwa ɗaya ba ta dawo ba.

Bana na shuka ƙwayoyin biyu. Sun riga sun tsufa, ba su tsiro ba.