Kitson da Na Yi Wa 'Yar Dominika

A zuwana na huɗu Guangzhou ta ƙasar Chaina na sauka a wani ƙaramin otal da ke bayan titin Guangyuan, inda mutum zai taka da ƙafa ya isa kasuwar Baima. Abaya da jakunkuna nake sarowa in kai Kano. Ɗakin da ke kallon nawa wata mata ce a ciki, doguwa mai jiki, wankan tarwaɗa, hancinta da bakinta sak na wata gwaggona ta Fagge. Ina ganinta na saki baki na ce, “Sannu Hajiya, an zo lafiya?”

Ta dube ni sama da ƙasa, ta ce da Turancinta mai ɗingishi irin nawa ita daga Dominika take. Na ɗauka wani gari ne a Kamaru. Sai da ta buɗe taswira a waya ta nuna mini rabin wani tsibiri can wajen Amurka. Na ce to ai duk ɗaya ne, 'yar'uwa ce, baƙar fata kamar ni.

Wallahi kamar na watsa mata ruwan zafi. Ta dafe ƙirji ta ce ita ba baƙa ba ce. Baƙaƙe su ne mutanen ɗaya rabin tsibirin, 'yan Haiti. Ita a takardunta na dā ma launin Indiyawa aka rubuta mata. Ta shiga lissafa mini launukan ƙasarsu da yatsu: akwai mai launin kirfa, akwai mai launin alkama, akwai Ba'indiye mai haske da Ba'indiye mai duhu, akwai wanda aka wanke, har yatsun suka ƙare. Na ce, “Madam, mu uku gare mu, fari da baƙi da wankan tarwaɗa, kuma ko a haka faɗa muke yi.” Na tambaye ta ni wane launi ne a wurinsu. Ta ƙare mini kallo ta ce ina da kirki sosai.

Duk da haka muka saba, don dole. Masu tasi ba su karanci launukan nan ba, idan za su wuce mu tare suke wuce mu. Ita shagon gyaran gashi gare ta a babban birninsu, hular gashi da gashin ƙari take saye kwali-kwali, amma tana alfahari da cewa na kanta nata ne. Kuma gashi ne, tubarkalla, a miƙe yana sheƙi har kafaɗa. Ta ce tun tana shekara bakwai ake miƙar da shi duk Asabar, ko mijinta bai taɓa ganin yadda Allah ya halicce shi ba. A wurinsu, in ji ta, gashi iri biyu ne, mai kyau da mummuna. Na yi mata dariya har da riƙe ciki, ta jira na gama, sannan ta nuna kwalbar man ƙarin hasken fata da ke kan madubina ta ce wannan fa na mene ne. Na ce na sanyi ne. A watan Mayu, a Guangzhou, ana zufa kamar an shiga tukunyar dambu.

Abin da ke gabanta a makon nan ba ƙarami ba ne. Ɗanta tilo yana neman 'yar wasu masu hali, farare, irin gidan da ke rataye hoton kakansu Bature a falo. Uwar yarinyar ta yarda da yaron rabi da rabi, ta ce sai ta ga uwarsa tukuna. An sa ranar Lahadi za a yi gaisuwa ta bidiyo, su da darensu, mu da hantsinmu. Maƙwabciyar tawa ta faɗa mini ƙiri-ƙiri cewa ba gaisuwa matar take so ba, so take ta ga irin gashin da jikokinta za su gado.

Ranar Asabar bayan azahar ta wanke kai, ta ɗauko handirayar busar da gashi da ta taho da ita tun daga gida, wadda ta ce ta fi yarda da ita a kan duk na Chaina. Abin da ba ta tuna ba shi ne ƙarfin wutar lantarkin ƙasarsu rabin na nan ne. Ina ɗakina ina ninke abaya na ji wani ƙara fau, fanka ta tsaya, sai ihu da warin ƙauri irin na babbakar kan rago. Na tarar da ita tsaye da handirayar tana hayaƙi, gefen kanta na dama ya ƙone kamar faɗin tafin hannu, sauran kuwa ya sha ruwa ya sha iskar garin ya tashi tsaye. Gashi ne irin namu, cunkus, baƙi wuluk. Na ce, “Barka da zuwa gida, Hajiya.” Ta jefe ni da tawul.

Muka ɗaura mata ɗankwalina muka bazama neman mai gyara. A shagon farko laoban ɗin, wato mai shagon, ya kwance ɗankwalin, ya taɓa gashin da yatsa ɗaya kamar mai gwada zafin ƙarfe, ya kira abokan aikinsa su ma suka taɓa, sannan ya ce “meyo”, babu kenan. A na biyu tun daga ƙofa aka meyo mu. A na uku wata yarinya ta yi ƙarfin hali ta sa mataji, matajin ya karye, ta miƙa mana rabinsa da hannu biyu cikin ladabi.

Na ce, “Ke da kike da kwali goma sha na hular gashi a ɗaki, me ya hana ki sa ɗaya?” Ta ce ita mai sayarwa ce, ba mai sawa ba. Na ce to ta je wa surukarta a haka. Kafin mu isa otal ta zaɓi hula a ranta.

Sai dai hula ba ta zama a kan tulin gashi, dole a kwantar da shi da kitso. Da na faɗi haka ta ja da baya, ta ce kitso ai na mutanen can ne, 'yan Haiti. Na ce ba mai gani, a ƙarƙashi zai zauna. Washegari da na idar da sallar asuba gari ya ɗan waye, na zaunar da ita a ƙasa tsakanin gwiwoyina, na ɗauko kibiya da man kwakwa na fara tsaga.

Layi biyun farko ta yi ta kururuwa tana kiran waliyyan ƙasarsu ɗaya bayan ɗaya. Na ce ta yi mini shiru, 'yar shekara biyar a gidanmu ba ta wannan raki. A layi na huɗu ta yi shirun. Kanta ya yi nauyi a cinyata, na ji kafaɗunta suna rawa, na ɗauka na ja da yawa ne. Sai ta ce rabonta da wani ya zaunar da ita haka tun kakarta ta wajen uwa. Kakar daga can ɗaya rabin tsibirin ta zo yankan rake. Ita ke mata kitso a bayan gida, kuma idan an yi baƙi sai a ce ta zauna a kicin kada ta fito. Na ci gaba da kitso na ƙara sassauta hannu.

Ƙarfe tara saura aka ɗora hula. Ta yi kyau, ba ƙarya, amma ta ɗan yi mata yawa, ga zufa, tana motsa kai take zamewa gaba. Ba lokacin neman wata. Aka yanke shawarar in tsuguna a bayan kujera in riƙe hular ta ƙeya. Wayar na fara ƙara ta waiwayo a gigice ta ce, “Don Allah ki yi ƙasa sosai, kada su gan ki.”

Haka na yi kusan rabin sa'a a durƙushe, ni Hajiya guda mai shago biyu a Kantin Kwari, ina riƙe da gashin wata kamar mai riƙe da akuya a kasuwa. Duk sanda ta gyaɗa kai sai in bi ta, ta yi dariya in ja baya. Ba na jin yarensu, amma na ji muryar surukar ta yi laushi, na ji ɗan yana dariyar wanda aka sauke wa kaya. Gwiwata ta ƙage, ga atishawa tana neman kubce mini, na danne ta har idona ya yi ruwa.

Da aka kashe waya ta yi tsalle ta rungume ni. An karɓi ɗanta. Matar ta yaba gashinta, ta ce jikoki sun dace. Na taya ta murna da gaske, don na san zafin ɗa. Amma abin yana cina, kuma ni ba na iya haɗiye magana. Na ce, “Allah ya sanya alheri. To yanzu an sallami baƙi, in fito daga kicin ɗin?”

Ta tsaya cak, murnar ta zube daga fuskarta. Na yi nadama nan take, na fara kame-kamen cewa wasa nake. Ta cire hular ta ajiye a kan gado, ta je gaban madubi ta daɗe tana shafa layukan kitson da yatsa. Daga nan ta dawo ta zauna a ƙasa inda ta zauna da safe, ta miƙo mini kibiyar.

Na ce ai kitson bai yi komai ba, sai ya yi sati uku. Ta ce ta sani, in dai warware in sake.